Yarinyar da Ta Tuɓe wa Ɗan Sanda Hula

Shafi na 17

Masu cika min waya da ƙorafi wai na bar Ludmila tsaye cikin sanyi na tafi abina, ku sassauta, yau ga ta a kan kujerarta. Wanda yau ne farkon shigowarsa ma ya gyara zama, ba zai ɓata ba.

*

Ludmila Havranek ta zare safar hannunta, ta hura wa yatsunta iska, sannan ta ɗaga murfin fiyano. Fina-finan zamanin ba su da sauti, ita ke raka su da kiɗa. Gidan majigin ya cika maƙil tun kafin a kashe fitilu. Yammacin Juma'a ne, ma'aikata sun tashi, yara sun taso daga makaranta, kowa ya shigo da jiƙaƙƙen takalmi. Hunturun 1913 bai bar kowa a garin Fort Lee ya tsaya hira a titi ba.

Mista Ostrow, mai gidan majigin, ya sunkuyo saitin kunnenta.

"Sabon fim ne, Madam. Yanzu aka kawo shi daga wajen Tarbox mai shirya fim, ko ni ban gani ba."

"To me zan kaɗa musu?"

"Mai sauri. Yara ne da ɗan sanda a cikin ƙanƙara."

Ta yatsine fuska.

"Kullum yara da ɗan sanda. Wai iyayen yaran nan ba su da hankali ne? A sa ɗan mutum ya yini yana birgima a ƙanƙara don wasu su yi dariya?"

"Ke dai kaɗa, Madam. Faɗan iyaye ba aikinmu ba ne."

Fitilu suka mutu. Haske ya faɗa kan farin ƙyalle, ita kuma ta saki yatsunta.

Wani ƙaton ɗan sanda ne ya fara bayyana, tumbinsa ya riga shi shigowa hoto, yana tafe yana wulwula kulki. A bayan shingen katako kawunan yara suna leƙowa ɗaya bayan ɗaya kamar 'yan tsaki. Na ƙarshensu ɗan firit ne, cikin wata hula da ta fi ƙarfin kansa.

Yaran sun gina mutum-mutumin ƙanƙara a gefen titi, da tumbi da gashin baki irin na ɗan sandan sak. Gogan naka ya gani, ya fusata, ya ja da baya, ya kai masa hauri da iya ƙarfinsa. Ashe a kan famfon ƙarfe suka gina shi.

Ɗakin ya ɗauki ihu. Ɗan sanda na tsalle da ƙafa ɗaya, Ludmila na binsa da kiɗa, kowane tsalle da nasa bugun.

Sai ga wata mace ta zo wucewa. Ɗan sanda ya gyara tsayuwa, ya cire hula ya riƙe ta a baya, ya rusuna yana murmushi. Ɗan firit ɗin nan ya sanɗo, ya cika hular taf da ƙanƙara, ya danna da tafin hannu don ta zauna sosai. Sauran yaran suka watse.

Shi bai gudu ba.

Ya zagayo gaban ɗan sandan, ya haɗe hannuwa a ƙirji, ya ɗaga ido sama kamar mala'ikan da aka zana a bangon coci. Ɗan sanda ya kifa hularsa. Yaron bai motsa ba. Ya jira.

Ludmila ta ji a jikinta cewa nan wurin shiru ne, ta ɗage hannu daga fiyanon.

Ruwa ya gangaro ta kan hancin ɗan sandan, ya tsaya a tsini, ya ɗiga. A daidai nan yaron ya zaro hankici daga aljihu ya miƙa masa cikin ladabi.

Ai kuwa gidan ya kusa rushewa. Wani dattijo a layin gaba yana bubbuga bencin da sanda, mata na share ƙwalla. Ludmila kanta ta ƙyalƙyale, abin da ta daɗe ba ta yi ba a wurin aiki.

"Kai, wannan yaro ɗan duniya ne," ta ce a ranta. Ta kaɗa wa manyan 'yan wasa, ta san yawancinsu ba su iya jira ba. Wannan ya iya.

Aka shiga guje-guje. Yaron ya haye tulin ƙanƙara, ya cura dunƙule, ya ciji leɓensa na ƙasa, ya saki da hannun hagu. Hular ɗan sanda ta yi sama.

Hannun hagu.

Hoton ya matso kusa. Ƙyallen wuyan yaron ya warware, iska ta kaɗa shi. Rabinsa mai duhu ne, ƙarshensa mai haske, don ulun ya ƙare wa mai saƙar tun ba ta gama ba, ta ƙarasa da abin da ta samu.

Ita ce mai saƙar.

Yatsun Ludmila suka sandare. Kiɗa ya ɗauke ɗif, sai ƙarar injin majigi kawai.

"Kiɗa! Ina mai kiɗan?" wani ya ƙwalla daga baya.

"Madam!" Ostrow ya yi mata raɗa da ƙarfi. "Lafiya?"

Ba ta san yadda aka yi hannuwanta suka koma bakin aiki ba. Tana kaɗawa, idonta na kan 'yarta Zdenka, 'yar shekara goma, wadda bara warhaka take kwance tana fisgar numfashi da ciwon haƙarƙari, irin ciwon da ya ɗauke ubanta. Zdenkar da likita ya ce a tsare ta daga sanyi. Zdenkar da ko shanya ba a aikenta ɗebowa idan ƙanƙara ta sauka.

Ga ta nan tana sululu a kan ciki daga saman tudu, bakinta har kunne.

Wata mata a bayan Ludmila ta dafa ƙawarta.

"Uwar da ta haifi wannan ta haihu, na rantse."

*

Magariba ta kawo jiki lokacin da ta tura ƙofar gida. Ɗakin da ɗumi, tukunyar miyar kabeji na tafasa a kan murhu. Surukinta, tsoho Bohumil, yana zaune yana sassaƙa kan 'yar tsana, sana'ar da ya taso da ita tun a ƙasarsu. Zdenka na feraye dankali. Da hannun hagu.

"Sannu da dawowa, 'yata," in ji tsohon. "Yau kin yi wuri."

Ludmila ta rataye kwat ɗinta a hankali. Ta zauna. Ta dube su ɗaya bayan ɗaya.

"Baba, gobe Asabar. Za ku ajin addini a coci ko?"

"Kamar kullum."

"Madalla. Wancan satin me aka koya musu?"

Wuƙar Zdenka ta tsaya a jikin dankali. Tsohon ko gezau.

"Annabi Yunusa," ya ce. "Ai Fadan cocin nan ya iya ba da labari. Da jirgin, da igiyar ruwan, da kifin. Har sai da na ji tsoro, ni da tsufana."

"Allah sarki. To a cikin cikin kifin, akwai ɗan sanda?"

Zdenka ta saci kallon kakanta.

Dankalin ya suɓuce daga hannun Zdenka, ya gangara ƙarƙashin tebur. Babu wanda ya bi shi.

Bohumil ya ajiye sassaƙarsa. Ya sosa gemu.

"Har sun fito da shi?"

"Abin da za ka ce ke nan?"

"Ya yi kyau?"

"Baba!"

"Tambaya na yi. Mutane sun yi dariya? Wurin hankicin nan fa? Ni na ce mata ta jira sai ruwan ya ɗiga, Tarbox yana cewa a'a a yi sauri..."

Ludmila ta miƙe tsaye, kujerar ta faɗi ta baya.

"Ni za ku mayar sakarya? Duk Asabar ina ɗaura mata ƙyalle a wuya, ina cewa ku bi ta gefen da rana take, ku shiga coci da wuri kar iska ta buge ta. Ashe kan tudu kuke tafiya! Kai da ya kamata ka fi kowa sani!"

"Ina shafa mata kitsen agwagwa a ƙirji kafin mu fita. Ina cusa mata jarida a cikin riga. Ko atishawa kin ji ta yi bana?"

"Kitsen agwagwa! Shi Vojtech ba a shafa masa ba ne?"

Sunan ya faɗo tsakiyar ɗakin kamar dutse. Tsohon ya runtse ido.

"Na binne ɗanka, Baba," in ji ta. "Da hannuna na rufe masa ido a kan gadon can. Ba zan binne 'yata ba don garin nan ya samu abin dariya."

"Ɗana ne kafin ya zama mijinki," ya ce a hankali. "Kina jin akwai safiyar da nake tashi ban tuna shi ba? Amma ki dubi yarinyar nan, Ludmila. Ki dube ta da kyau. Tun da ya rasu, yaushe rabon da ki ji ta haɗa magana uku a jere a gaban baƙo?"

Ludmila ta ɗaga kujerar da ta faɗi. Ta san gaskiya ne. In'ina ta kama Zdenka tun satin jana'iza, kuma ba ta sake ta ba. A makaranta yara na kwaikwayonta. A shago takan nuna abu da yatsa maimakon ta faɗi sunansa.

"Yadda abin ya faro ma ba ni na kai ta ba," tsohon ya ci gaba. "Cocin muka nufa, Allah shaida. Muka tarar sun tare hanya suna ɗaukar hotonsu. Yaran da suka ɗauko sun yi ta jifa, an rasa wanda zai sami hular mutumin nan. Ina juyawa sai na ga hula a sama. Ja'irar nan ce, daga tsallaken titi! Tarbox ya biyo mu da gudu, na ɗauka duka zai yi, har na gyara sandata."

"Sai ka sayar masa da jikarka."

"Sai na ga jikata tana dariya."

Ludmila ta juya ga yarinyar.

"Ke kuma? Ba ki da baki? Ki dube ni. Ƙarya kika koya, ko?"

Zdenka ta miƙe. Fuskarta ta yi ja, leɓenta na motsi, maganar ta maƙale. Ludmila ta buɗe baki za ta ƙarasa mata kamar yadda ta saba, sai tsohon ya ɗaga hannu.

"Bar ta."

"M-m-mama." Ta haɗiyi yawu. "A c-can... b-ba wanda yake j-jira in gama magana."

Tukunya na ta tafasa.

"B-ba wanda yake k-kallon bakina. In na ɗaga gira, sun g-gane. In na yi haka," ta karkata kai, ta zaro ido, fuskar mala'ikan nan ta bayyana a tsakiyar kicin, "k-kowa ya ji abin da na ce. Har na b-bayan ɗaki."

Dariya ta taso wa Ludmila tare da kuka, ta rasa wanda za ta saki. Ta juya musu baya, ta ɗauki ludayi tana juya miyar da ba ta buƙatar juyi.

"Mama... k-ke kika kaɗa min?"

"Ni na kaɗa."

"K-kin yi shiru a wurin hankicin?"

Ludmila ta ajiye ludayin.

"Na yi."

Ta ji ajiyar zuciyar yarinyar a bayanta, irin ta wanda aka sauke wa kaya.

"Kar ki ɗauka an gama," ta ce ba tare da ta juyo ba. "Gobe da ni za a je. Zan gaya wa Tarbox ɗin nan da bakina ya nemi 'yar wani. Ku zo ku ci abinci."

*

Safiyar Asabar ta zo da rana mai haske da sanyi mai yanka kunne. Gangaren da ke bayan coci ya cika da mutane. An kafa kyamara a kan ƙafafunta uku a gefen hanya, mai ɗauka yana ɗumama hannu a hammata. Yara na ja da katakan sulu zuwa saman tudu.

Suna hango Zdenka suka yo kanta da gudu.

"Kyaftin ta zo! Kyaftin ta zo!"

Ludmila ta tsaya sororo. 'Yarta, wadda ke raɓewa a bayan siket ɗinta in an yi baƙi, ta ɗaga yatsu biyu, ta nuna shinge, ta zana da'ira a iska. Yara maza da suka girme ta suka ruga inda ta nuna ba musu.

Wani siririn mutum mai doguwar kwat da bututun magana a hannu ya nufo su yana faɗa.

"Bohumil! Rana na tafiya, hasken nan ba jiranmu zai yi ba! Wace ce wannan kuma? Ba na son 'yan kallo a gaban kyamara!"

"Uwarta ce," in ji tsohon, ya ja da baya kamar ba da shi aka zo ba.

Cornelius Tarbox ya sauke bututun. Ya cire hula.

"Madam Havranek. Ashe ke ce. An ce min jiya kin kaɗa wa fim ɗina, har Ostrow yana cewa..."

"Ban zo jin abin da Ostrow ya ce ba. Ka san yarinyar nan ta kusa mutuwa bara?"

Ya dubi Bohumil. Bohumil ya dubi sama.

"Ban sani ba."

"To yanzu ka sani. Na zo in tafi da ita."

"Madam, tsaya mana! Saura fitowa ɗaya in gama wannan! Kin san yara nawa na gwada? Duk wanda aka ce ya ba da dariya sai ya kama murguɗe-murguɗen baki kamar mai ciwon ciki. Ita kuwa tsayawa kawai take yi, mutane su faɗi ƙasa!"

"Ka tsaya da kanka, ai kai ma abin dariya ne."

Wata dariya mai kauri ta tashi a bayansu. Ƙaton ɗan sandan jiya ne, da kakinsa da gashin bakinsa, yana riƙe da butar koko, wato ruwan cakulan mai tururi, ƙananan yara biyu na rataye a ƙafarsa. A fili ya fi girma, amma idanunsa masu sanyi ne.

"Ta gama da kai, Tarbox, je ka zauna." Ya rusuna wa Ludmila. "Fergus Mulqueen, ranki ya daɗe. Ni ne wanda 'yarki ke ci wa mutunci duk Asabar. Ga koko, ki ɗumama jiki."

Ta karɓa don ba ta san yadda za ta ƙi ba.

"Ni ma uba ne," ya ce, ya rage murya. "In kin ce ta tafi, da kaina zan raka ku gida, Tarbox ya ci kansa. Amma bari in faɗa miki abu ɗaya. Tun ina saurayi nake faɗuwa a gaban jama'a. An jefe ni da ƙwai, an jefe ni da kek, an tura ni cikin ganga. Ban taɓa tsayawa gaban wanda ya san lokacin da zai motsa kamar yarinyar nan ba. Ba a koyar da shi. Ke mai kiɗa ce, kin fi ni sani."

"Na sani," ta ce, kafin ta iya tare bakinta.

"Kuma in ta tsaya tana min wannan kallon na salihai, wallahi sai na ciji harshe kar in yi dariya in ɓata fim. Dubi." Ya zaro harshe. "Duk tabo ne."

Ludmila ta kau da kai don kar ya ga murmushinta. Idonta ya sauka a kan Zdenka.

Yarinyar ta dawo ta tsaya nesa kaɗan, igiyar katakon sulunta a hannu. Ba ta roƙa ba. Ba ta yi kuka ba. Ta tsaya ne kawai tana jira, kumatunta jajur, numfashinta na fita fari tas, babu tari, babu shaƙa. Wani yaro ya raɗa mata wani abu a kunne, ta tuntsire da dariya, mai ƙarfi, har da buga ƙafa.

Rabon Ludmila da jin wannan sautin tun Vojtech na da rai. Dariyarsa ce ma sak.

Ta miƙa wa Mulqueen kofin.

"Me za ta yi yau?"

Tarbox ya matso da sauri kamar an tsikare shi.

"Abu mai sauƙi! Ta sulalo daga sama, Mulqueen na tsakiyar hanya ya sunkuya yana ɗaure takalmi, ta fisge hular ta wuce, ta tsallake mararraba, ta tsaya a filin can. Shi ke nan!"

"Mararrabar fa?"

"Na sa mutum a kwana da jar tuta. Ko kare ba zai gifta ba."

Ludmila ta yafito 'yarta. Ta durƙusa a cikin ƙanƙarar, ta warware ƙyallen wuyan, ta sake naɗa shi sosai, ta cusa bakinsa a cikin riga. Ta ja hular ta rufe mata kunnuwa.

"Sau ɗaya," ta ce. "Daga nan gida, ƙafa a ruwan zafi. In na ji tari ko guda, an gama har bazara. Kuma ba sauran ƙarya, daga ke har wancan tsohon."

"Na ji," in ji Bohumil daga nesa. "Annabi Yunusa ya huta."

Zdenka ta ƙanƙame wuyan uwarta.

"Z-za ki kalla?"

"Ni da zan kaɗa masa, ba dole in kalla ba? Je ki. Kuma in kin fisge hular kar ki ɗaga ta nan take. Ki bari sai ya shafa kansa ya ji wayam."

Idon yarinyar ya yi ƙyalli. Ta juya ta ruga sama, katakon na tsalle a bayanta.

Tarbox ya kafa bututu a baki.

"Kowa wurinsa! Mulqueen, sunkuya! Ƙara sunkuyawa, ina son tumbin nan ya taɓa gwiwa! Murza!"

Mai kyamara ya fara juya hannun injin. Can saman tudu, ɗan ƙaramin baƙin ɗigo ya faɗa kan katako ya taho.

Ludmila ba ta taɓa ganin gudu irin wannan ba. Ƙanƙara na tashi ta gefe biyu kamar an tsaga ruwa. Yarinyar na zaune daram, ƙafa a gaba, tana karkata jiki kaɗan katakon na bin umarninta. Yatsun Ludmila suka fara motsi a jikin kwat ɗinta, suna neman kiɗan da zai dace.

Hannun hagu ya miƙe. Caraf!

Hular ta bar kan Mulqueen. Ya miƙe, ya shafa sanƙonsa, ya zaro ido. Sai a lokacin Zdenka ta ɗaga hular sama tana kaɗawa.

Jama'a suka ɓarke da shewa. Bohumil na tsalle da sandarsa. Ludmila ta ji kanta tana ihu tare da su.

"'Yata ce! 'Yata ce wannan!"

Ta juya don ta gaya wa na kusa da ita, sai ta ga wanda ke tsaye a gefenta. Wani saurayi ne, yana dariya har da riƙe ciki. A hammatarsa akwai jar tuta a naɗe.

Ta cafki hannun rigarsa.

"Kai! Wa ka bari a kwana?"

Dariyar ta bushe a fuskarsa.

Ƙararrawar wuyan dawaki ta riga su bayyana. Manyan dawakai biyu suka sawo kai daga bayan cocin, suna jan doguwar amalanken gawayi, direban ya dunƙule cikin bargo har kunne. Suka shigo mararrabar a natse, suka cike ta daga wannan gefe zuwa wancan.

"Tsaya! Tsaya!" Tarbox ya yar da bututun yana gudu.

"Faɗo, Kyaftin! Faɗo gefe!" Mulqueen ya ƙwalla.

Direban ya firgita, ya ja linzami da ƙarfi. Amalanken ta tsaya cak, a tsakiyar hanya.

"Zdenka!"

Yarinyar ta ɗago kai. Ta ga dawakan, ta ga tulin gawayin, ta ga ɗan ramin haske da ke tsakanin ƙafar gaba da ta baya a ƙarƙashin amalanken.

Ba ta faɗo ba.

Ta cusa hular ɗan sanda a baki, ta kwanta a miƙe da bayanta a kan katakon, ta saita shi tsakanin ƙafafun ƙarfen nan biyu.

A daidai lokacin dokin hagu ya zabura, ƙafar amalanken ta fara juyawa.